Amsar tambayar Goggo kan sakamakon gwajin Kawu (an rubuta daga saƙon murya)

Assalamu alaikum, jama'ar gida. Goggo, na saurari saƙonki, kin ce an zura wa Kawu kyamara ta baki, takarda ta fito an rubuta Barrett, kina tambaya ko kansa ce, wato ciwon daji. Ki kwantar da hankalinki, ba kansa ba ce. Amma kuma ba abin da za a jefa a durowa a manta ba ne.

Ga yadda abin yake. A ƙarshen bututun da abinci ke bi zuwa ciki akwai wata tsoka da ke rufe hanya. In ta yi sanyi, ruwan tsamin ciki sai ya riƙa tasowa sama, shi ne ƙwannafin da Kawu ya daɗe yana fama da shi. To, shimfiɗar cikin bututun nan ba a yi ta don jure tsami ba. Shekara da shekaru yana ƙona ta, sai ta sauya ta koma irin ta hanji, kamar dai yadda hannun manomi ke yin kanta. Wannan sauyin shi ne Barrett, sunan wani likitan fiɗa ne a Landan da ya yi bayaninsa a 1950.

Inda hatsarin yake, ƙwayoyin naman wannan sabuwar shimfiɗar wani lokaci sukan lalace a hankali har su zama kansa. Amma a shekara, cikin mutum ɗari masu shi, wanda abin ke kai wa can bai cika ko ɗaya ba. Yawanci har su tsufa ba abin da zai same su. An fi ganinsa a maza da suka wuce 50, masu tumbi, masu shan taba, kuma ya fi yawa a Turawa.

Abin da nake so ki riƙe, Goggo: shi Barrett ba ya ciwo. Kawu zai sha omeprazole, maganin rage tsamin ciki, ƙwannafi ya lafa, ya ce ai ya warke, ba zai koma ba. Kun dai san halinsa! Ba a gane halin da wurin yake ciki sai an sake leƙawa an ɗan tsinko nama an auna. In ba a ga alamar lalacewa ba, akan maimaita bayan shekara 3 zuwa 5. In an gani tun da wuri, ta bakin nan ake bi a ƙone wurin ko a kankare shi, ba sai an yanka mutum ba.

Maganin kuma da safe ake sha, kamar rabin awa kafin karin kumallo. Kanwar nan da yake jiƙawa, don Allah a bari, kwantar da zafi kawai take na ɗan lokaci. A daina cin tuwo sannan a miƙe a gado nan take, a ba da kamar awa uku. Da azumi ma, sahur sannan barci nan take yana tayar masa da ƙwannafin. A ɗaga gadon ta wajen kai, a rage maiƙo, taba kuwa a yi sallama da ita.

Amma in abinci ya fara tsaya masa a ƙirji, ko yana ramewa ba dalili, ko aman jini, ko bayan gida baƙi ƙirin, kar a jira ranar da aka ba shi, a tafi asibiti. Ki turo min hoton takardar ta gefe in ga me suka ce game da naman da aka tsinka. A gaida Kawu da jiki.