Amsa ga mai son zaga lungunan cikin birnin Kano da ƙafa

Wa'alaikumus salam, ƙanena na Kumasi. Na ga tambayarka. Ka ce za ka zo Kano bayan Sallah, kakanka daga nan ya tashi fataucin goro ya zauna can, kana so ka taka cikin birni da ƙafa ka ga unguwannin da ba a cika kai baƙi ba, kuma kana son sanin ko sai ka ɗauki ɗan jagora ko taswirar waya ta wadatar. Ni a cikin badala aka haife ni, kuma tun ina saurayi duk baƙon da ya sauka gidanmu ni ake haɗa shi da shi a ce in zaga da shi, don haka bari in ɗan tsawaita.

Taswirar waya za ta kai ka Ƙofar Mata, ta kai ka Gidan Makama, ta kai ka gindin Dala. Da zarar ka bar kwalta ka faɗa lungu, aikinta ya ƙare. Za ta nuna maka hanya ta ɓulle alhali zauren wani ne, ko ta nuna maka bango alhali akwai ɗan tsukin da mutum ɗaya ke bi ya fita wata unguwa. Amma ɓata ba shi ne abin damuwa ba, don duk yaron da ka tambaya zai fitar da kai titi. Abin da za ka rasa shi ne shiga. Cikin birni ba a ganinsa daga waje. Katanga ce da ƙofa, katanga da ƙofa, kwata na bi ta tsakiya. Abin kallon yana bayan zaure, zaure kuwa sai wanda aka sani ake ce wa bismillah.

Saboda haka ɗan jagora dole ne, sai dai wane iri. Akwai masu tsayawa a wuraren da baƙi ke sauka, sun haddace shekaru da sunayen sarakuna, wasunsu har Faransanci suna ji. Ba na raina su, akwai masu gaskiya da ilimi a cikinsu. To amma yawancinsu hanyarsu ɗaya ce: marina, kasuwar Kurmi, ƙofar gidan Sarki, Dala, a sallame ka. Kai abin da kake nema daban ne. Nemi ɗan unguwa, wanda in kun zo wucewa dattawan da ke kan dakali za su kira shi da sunan ubansa. Gwajin da nake yi mai sauƙi ne: in muka yi tafiyar minti goma a lungu ba wanda ya ce masa "ina mutan gida?", na san shi ma baƙo ne kamar wanda yake ja. Hanyar samun irinsa ita ce ta mai masaukinka, ko limamin masallacin unguwa, ko ka je ka gaida Mai Unguwa ka faɗi abin da ya kawo ka. Sau da yawa shi zai haɗa ka da wani yaro nasa, kuma daga ranar ka zama baƙon Mai Unguwa, wanda ba ƙaramin abu ba ne.

Ku yi ciniki tun kafin ku ɗaga ƙafa, kuɗin wuni kaza, kuma ka faɗa masa ba sayayya ka zo ba. Na taɓa ganin wani ya ja baƙi daga shago zuwa shago a Kurmi har azahar, ko'ina yana karɓar la'adarsa ta bayan fage, suka koma masauki da jakunkunan fata da yawa ba su ga unguwa ko ɗaya ba.

Yanzu hanya. Ka fara daga Kurmi da sassafe, ba don kasuwar ba, don ita ce cibiya. Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, shi ya kafa ta, kuma kusan duk baƙon da ciniki ya kawo Kano a kewayenta ya yada zango, unguwar ta ɗauki sunan mutanensa. Ga Zangon Barebari, ga Agadasawa, ga Tudun Nufawa inda masaƙa da masu aikin riga na Nufe suka zauna, ga Ayagi ta Yarabawa 'yan kasuwa da suka zo tun ƙarni na 19, waɗanda jikokinsu yau in suna Hausa ba ka isa ka raba su da kowa ba. Ga Dandali da Alfindiki, mazaunin Larabawan Gadamas da Tarabulus da ke kawo hajar arewa ta hamada su tafi da fata da baƙin yadi. Kwarin Jakara ya ratsa tsakiya, kuma a da shi ne kamar iyaka: arewa da shi 'yan kasuwa da masu sana'a da malamai, kudu kuma gidan Sarki da gidajen sarauta irin su Yola da Kurawa. Ɗan jagoran da ya fahimtar da kai wannan tun farko ya gama maka rabin aiki, don daga nan duk lungun da ka shiga ka san dalilin zamansa a wurin.

Kada ka ce sai ka gama su a wuni ɗaya. Unguwa uku sun isa, huɗu in kana da ƙarfin ƙafa. Gaisuwa kaɗai za ta cinye maka lokaci, kuma ita ce tafiyar. Wanda ya zo da takarda yana soke suna ɗaya bayan ɗaya zai koma da gajiya da hotunan bango.

In da ni ne zan ja ka, daga Kurmi sai wajen 'yan gurasa da ke kusa da Jakara, tun tanderu na da zafi. Mata ne ke yi a cikin gidaje, wasu sun gaji sana'ar tun kakanni. Ka tsaya ka ga yadda take yanko ƙullin, ta faɗaɗa shi a tafin hannu, ta jiƙa hannun, ta zura shi cikin tanderu ta manna a jikin bango, ta zaro kafin wuta ta lashe ta. Ba ta duba agogo, launin gefen gurasar take kallo. A nan za ka ci bandashe na gaske, an yayyafa ruwa, an barbaɗa garin ƙuli-ƙuli da yaji, ga man gyaɗa da albasa. Amma ka sani kai namiji ne, ba kowane gida za a shigar da kai ba. Wani a soro za a tsayar da kai a fito maka da ita. In da mace a tafiyarku, ita za ta ga abin da kai ba za ka gani ba, sai ta ba ka labari.

Daga nan ku bi kunne. Kafin ka ga mabuga za ka ji su, ƙarar tana fitowa daga wani ɗaki mai duhu, tim-tam, tim-tam, mutum biyu ko fiye sun sa gungumen itace a tsakiya, kowa da mabuginsa, ɗaya na sauka ɗaya na tashi, ba sa karo. Suna ninke shadda ko rinannen yadi, su fesa ruwa, su buga, su juya, har ya ɗau sheƙin da dutsen guga ba ya bayarwa. Masu zuwa marinar Ƙofar Mata, wadda ake cewa tun 1498 take, suna ganin rini su tafi, ba sa sanin cewa a da turkuɗin da Buzaye ke naɗawa sai ya bi ta hannun mabuga kafin ya yi daraja. Marinar kanta ka je, amma kada ka sa ran ganin duk ramukan suna aiki. Da yawa sun bushe, samari sun koma wasu sana'o'in.

Sharifai da Madabo sai da ladabi, don unguwannin malamai ne. Sharifai ana danganta ta da zuriyar Shehu Magili, wanda ya zo Kano zamanin Rumfa ya rubuta masa nasiha kan mulki. Madabo kuwa mazaunin Wangarawa ce, malaman da suka zo daga ƙasar Mali ƙarƙashin Abdurrahman Zaite. Wata ruwaya ta ce zamanin Sarki Yaji suka iso, a ƙarni na 14, wata ta ce zamanin Rumfa. Ga wani gwajin ɗan jagora: wanda ya faɗa maka ruwaya biyu ce, riƙe shi. Wanda ya rantse maka a kan ɗaya, yana iya rantse maka a kan komai. A irin waɗannan zaurukan har yau ana ɗaukar karatu bayan asuba da bayan la'asar, malami a kan buzu, ɗalibai kowa da littafinsa yana jiran layi. Ka cire takalmi, ka zauna daga baya, ka aje waya a aljihu. In an tashi ka gaisa, ka ba da sadakarka a rufe.

Kai da kake neman sawun kakanka, Koki da kewayenta ne wurinka. Can ne gidan Alhassan Ɗantata, wanda ya yi fataucin goro a ƙasarku kafin gyaɗa ta ɗaga shi bayan jirgin ƙasa ya iso Kano, ya rasu a 1955. Fataken Gwanja na da galibi Agalawa ne, ko Tokarawa, ko Kambarin Barebari. Kafin ka taso ka zauna da tsofaffin gidanku ka tambaye su daga wanne kuke, da sunan unguwa ko garin da kakan ke ambata, da sunan ubangidan ayarinsu in ana tunawa, har da irin tsagar fuskarsa. Da waɗannan za a iya kai ka zauren da wani tsoho zai ce ya ji sunan a bakin mahaifinsa. Ba na yi maka alkawari, amma na ga an dace. Ka ware wata safiya daban ka leƙa kasuwar goro ta Mariri, wajen gari, don dillalan can sun san gidajen goro na da fiye da kowa.

Gine-ginen ƙasa kuwa ka kalle su da kyau duk inda ka ci karo da su, don ƙarewa suke yi. Kowace damina wani soro na zubewa, magada su sa bulo da kwano. Ba na ganin laifinsu, yaɓe duk shekara ba wasa ba ne, maginan da suka iya tubali da azara da maƙuba kuma sun yi ƙaranci. In an shigar da kai tsohon zaure ka ɗaga kai ka ga ɗaurin guga, ka ji sanyin ɗakin da tsakar rana ba fanka. Badala ma haka, wadda aka fara tun zamanin Sarki Gijimasu a ƙarni na 12: wani wurin tudu ne kawai ya rage, wani wurin an ci ta da gini. Tsohuwar Ƙofar Na'isa a 2010 aka rushe ta don faɗaɗa titi, wadda ke tsaye yanzu sabuwa ce.

Sauran ƙananan abubuwa. Hoto sai da izini, mata da 'yanmata kuwa ka bar shi gaba ɗaya. Ka sa rufaffen takalmi saboda kwata, ka riƙe canji don masu sana'ar da ka tsayar da aikinsu. Juma'a ba ranar yawo ba ce, daga hantsi hanyoyin masallaci sun cika. Babura na shigowa lungu ba sallama, in ka ji ƙara ka manne da bango. Kuma gaskiya ɗaya ce, akwai ƙwacen waya a wasu lungunan, musamman bayan magariba, don haka kada ka bi hanya kana latsa ta, kuma in ɗan jagora ya ce ba a bi ta nan yau, kada ka tambayi dalili, ku juya.

Tunda bayan Sallah ka ce, ka bari hidimar sallah ta lafa tukuna, masu sana'a su koma bakin aiki, in ba haka ba rufaffun ƙofofi za ka tarar. Ka fita da ƙarfe bakwai, ka huta daga azahar zuwa la'asar, sannan ka hau Dala da yamma. Daga sama ka sa ɗan jagoran ya nuna maka da yatsa inda kuka bi tun safe, ga Kurmi, ga hasumiyoyin babban masallaci, ga Goron Dutse can yamma. Ka sauko tun da sauran haske, a bakin titi akwai adaidaita sahu da za ta mai da kai masauki. In ka samo sunan unguwar kakan naka, ka rubuto a nan, wataƙila a cikinmu akwai ɗan can.