Muryar Barista a kan makin jarrabawar ɗaukar aiki

Salamu alaikum jama'a. Ƙanina da ya yi tambaya da safe, na saurari muryarka. Ka ce ka zauna jarrabawar ɗaukar aikin gwamnatin tarayya ta kwamfuta, kana tashi ka ga makinka a allo, amma da aka fitar da sunaye sai ga wani maki daban, kuma waɗanda ka fi su sun wuce. Kana tambaya ko a tafi kotu.

To, abin da ya fi damuna ba kotun ba ne, lokaci ne. Akwai dokar da ke kare jami'an gwamnati daga ƙara, wadda ta ba mutum wata 3 kacal daga ranar da abin ya faru. Mutanenmu kuwa sai a tsaya ana neman wanda ya san wani, kawu zai yi magana da darakta, a jira bayan salla, kafin a farga wata 3 sun shuɗe. Lauyan gwamnati ko tsayawa kan gaskiyarka ba zai yi ba, zai miƙe ya ce ƙarar ta makara, shi ke nan an kore ta. Wasu hukumomin ma dokarsu ta ce sai ka ba su sanarwa a rubuce kafin ka kai su ƙara, galibi wata 1. Ka lissafa wannan a ciki.

Yau ɗin nan ka tattara takardunka: tallar aikin, takardar rajista mai lambarka, saƙon gayyata, da hoton makin nan in ka ɗauka. Sai ka rubuta wa shugaban hukumar koke, kwafi biyu. Ka kai da ƙafarka, ka tsaya a ofishin karɓar wasiƙu har sai sun buga maka hatimi da kwanan wata a naka kwafin. Kar ka yarda da "ajiye, za mu duba". Takardar da ba hatimi, gobe a ce ba a taɓa ganinta ba.

A cikin wasiƙar ka nemi makinka a ƙarƙashin Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011. Kwana 7 suke da shi su amsa, in sun hana ko sun yi shiru kana da kwana 30 ka je kotu. Amma fa ka sani, sashe na 19 ya ba su damar hana tambayoyin jarrabawa da takardar amsoshi. Shi ya sa ni nakan haɗa da dokar kare bayanan mutum ta 2023, domin makinka bayaninka ne, kana da haƙƙin ganin abin da suka ajiye a kanka. Ka nemi makinka da makin da aka yanke a jiharku.

Na ce jiharku da gangan. Saboda tsarin raba daidai na sashe na 14(3) na kundin tsarin mulki, wani daga wata jiha zai iya shiga da makin da bai kai naka ba, kuma doka ba ta ga laifi. Inda magana take shi ne ɗan jiharku mai ƙasa da kai ya wuce, ko an sauya maki.

In aljihu ba nauyi, akwai Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, tun 1975 take, tana da ofis a kowace jiha, kuma kyauta ne. Sai dai shawara take bayarwa, ba ta tilastawa, kuma zuwa wurinta ba ya tsayar da agogon wata 3 ɗin. In kuwa kana da shaidar an sayar da gurbi, wannan na hukumar yaƙi da cin hanci ta ICPC ne.

Kotun da za ka kai ƙarar ɗaukar aikin kuma, ita ce Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda gyaran tsarin mulki na 2010 ya ba hurumin shari'un aiki. Kar ka sa rai alƙali zai ɗauki jan biro ya sake duba takardarka, ko ya ce lallai a ba ka aiki, da wuya ƙwarai. Abin da yake dubawa shi ne ko hukuma ta bi ƙa'idar da ita kanta ta shimfiɗa a talla. In ta saɓa, zai iya soke matakin ko ya sa a sake. Kuma in kun kai ku goma masu irin wannan matsala, ku haɗa kai, kuɗin lauya ya yi sauƙi, hujja ta yi ƙarfi.

Ka turo min ranar da aka fitar da sunayen ta gefe, mu ga kwana nawa suka rage maka. Wassalam.