Kaɗaicin birni a fim: gaskiya ne ko ƙarin gishiri?

Malam, ka tambaya ko kaɗaicin da finafinai ke nunawa a manyan birane ƙarin gishiri ne. A'a, gaskiya ne. Duba fim ɗin Indiya The Lunchbox na 2013. A Mumbai, masu kai abinci suka yi kuskure, kwanon wata matar aure ya faɗa hannun wani ma'aikaci da matarsa ta rasu. Sai suka shiga musayar wasiƙa a cikin kwanon, don duk cikar garin babu mai sauraronsu.

Mu nan ƙauyukan Ringim, ka rasa sallar asuba, kafin hantsi an leƙo ana tambayar lafiya. Amma tambayi 'yan ciraninmu na Legas. Mutum na kwance da zazzaɓi a shago, maƙwabcinsa bai ma sani ba, ya yi sammakon fita nema.