Me ya sa filayen ƙabilar Pomo suke ƙanana haka?

Malam, ka tambaya me ya sa 'yan Pomo, 'yan asalin ƙasa a arewacin jihar Kalifoniya ta Amurka, ba su da babban yanki guda irin na ƙabilar Nabaho. Asalin matsalar daga 1851 zuwa 1852 take. Wakilan gwamnatin Amurka sun ƙulla yarjejeniyoyi 18 da ƙabilun jihar, aka yi musu alkawarin filaye masu faɗi, amma Majalisar Dattawa ta ƙi amincewa da ko guda. Aka bar mutane ba tudun dafawa a ƙasar kakanninsu.

Sai daga 1906 gwamnati ta fara saya musu 'yan guntayen filaye da ake kira ranceriya. Wanda aka saya wa Kashaya, wani reshe na Pomo, eka arba'in ne kacal! Ranceriyoyin ma ba duka suka tsira ba: dokar 1958 ta soke wa ranceriyoyi da dama matsayinsu na filayen ƙabila, aka raba su ga ɗaiɗaiku, haraji ya cinye wasu. Wata 'yar Pomo, Tillie Hardwick, ta kai ƙara, a 1983 aka maido wa ranceriyoyi 17 matsayinsu. Sai dai filin da aka riga aka sayar wa baƙi bai dawo ba.