Desmos ta zana min giraf, amma ina domen ɗin?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne ɗan aji ɗaya a Jami'ar Ahmadu Bello, Samaru. An ba mu aikin nemo domen na fankshin masu modulos, irin su |x − 3|. Na sauke Desmos a wayata, tana zana giraf amma ba ta faɗin domen. Ko akwai manhajar da za ta ba ni amsa kai tsaye?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Desmos ɗin nan ta ishe ka, kada ka ƙona data wajen neman wata. Sai dai ka san abin da za ka duba kafin ka buɗe ta.

Domen shi ne duk lambobin da za ka iya ba x lissafi ya fito lafiya. Sandunan nan biyu na modulos, wato | |, ba sa korar kowace lamba, alamar ragi kawai suke cirewa, shi ya sa |−7| ya zama 7. Don haka |x − 3| tana karɓar kowace lamba. Abin da ya fi kawo cikas abubuwa biyu ne da ake haɗa ta da su: rabawa da sifili, da sukwaya rut na lambar da ke ƙasa da sifili.

Ɗauki 1/(|x| − 2). Ƙasan zai zama sifili idan x ya zama 2, haka ma idan ya zama −2. Ɗalibai da yawa 2 kaɗai suke cirewa, a nan maki ke zubewa. Ita kuwa √(5 − |x − 1|), dole |x − 1| kada ya wuce 5, wato x daga −4 zuwa 6. Rubuta ta a Desmos, da kalmar abs (wato modulos) ko da maɓallin |a|, za ka ga zanen ya tsaya cak a waɗannan wurare biyu.

Amma ga inda nake son ka yi hattara sosai. Rubuta x²/|x|. Zanen zai fito da siffar V sumul, tamkar na |x|, ba ko tsaga. Alhali a x = 0 sifili ake rabawa da sifili, ba ya cikin domen. Ramin ɗigo ɗaya ne tak, allo ba zai nuna maka shi ba sai ka ɗora yatsa a kan layin ka ja shi zuwa tsinin, sannan ta rubuta undefined, wato babu amsa a nan. Wanda ya dogara da ido kaɗai ya faɗi wannan tambayar.

Kuma ka tuna ba a shiga ɗakin jarrabawa da waya. In kana da kalkuleta Casio fx-991ES Plus, danna SHIFT sannan hyp, Abs zai fito. Ka fara warwarewa a takarda, sannan ka sa lambobin da kake zargi ɗaya bayan ɗaya; duk wadda ta ba ka Math ERROR, cire ta daga domen.