Merlin, bokan da aka ce yana saƙa zamani: an yi shi kuwa?

Tambaya: Malam, ina yawan karanta labaran jarumai da matsafa, kuma duk inda na juya sai na ci karo da sunan Merlin. Wani abokina ya ce shi ne hatsabibin bokan da ke saƙa zamani kamar zare, ya warware jiya ya ƙulla gobe. An yi mutumin nan da gaske? Ita kuma maganar saƙar, ina ta samo asali?

Amsa: Ɗan'uwa, Merlin ɗin da ka sani ba a taɓa haihuwarsa ba. Marubuta ne suka ɗinka shi, wannan ya kawo ƙyalle wancan ya kawo, har shekara wajen ɗari takwas.

Ƙyallen farko daga Wales, wani yanki na Birtaniya, ya fito. Tsofaffin waƙoƙinsu na ambaton wani Myrddin da ya zautu bayan yaƙin Arfderydd na shekarar 573, ya shige daji yana faɗin abin da zai zo. Na biyu kuma yaro ne mai suna Ambrosius, a wani littafin tarihi na ƙarni na 9. Sarki Vortigern na gina hasumiya, kullum aka ɗora sai ta rushe. Bokayensa suka ce sai an yayyafa jinin yaron da ba shi da uba. Da aka kawo yaron, sai ya ce a tona ƙarƙashin ginin. Aka tona, sai ga tafki, a ciki ga macizai biyu, ja da fari, suna faɗa.

Wajen 1136, Geoffrey na Monmouth ya haɗe mutanen nan biyu ya raɗa musu suna Merlin. Wasu masana na ganin ya sauya harafin d na Myrddin zuwa l ne don kada sunan ya yi kama da kalmar kashi a Faransanci. Shi ne ya ce Merlin ya ɗauko duwatsun Stonehenge, tsohon da'irar manyan duwatsu da ke Ingila, daga Ayaland, ya kuma sauya wa Sarki Uther kama har ya shiga wurin matar wani, aka samu cikin Arthur, shahararren sarkin tatsuniyoyin Birtaniya. Ka lura, a nan babu ko alamar juya zamani. Duba ne da siddabaru.

Inda zamani ya fara shigowa shi ne wajen 1200, a hannun Bafaranshe Robert de Boron. Ya ce shaiɗanu ne suka shirya haihuwar yaron don ya ɓatar da mutane, amma uwarsa mai ibada ce, aka yi masa baftisma tun yana jariri. Sai ya gaji sanin abin da ya wuce daga ubansa, aka kuma ba shi sanin abin da ke tafe. Ƙarshensa dai bai yi kyau ba. A littafin marubucin Ingila Thomas Malory da aka buga a 1485, budurwar da ya mace a kanta, Nimue, ta koyi asirinsa ta rufe shi ƙarƙashin dutse. Ya san hakan zai faru, ya ma faɗa wa Arthur, amma sanin bai hana komai ba.

Abin da abokinka ke nufi ya fi kusa da aikin marubucin Ingila T. H. White da ya fara fitowa a 1938. Shi ya ce Merlin da baya yake rayuwa: gobenmu ita ce jiyarsa, muna tsufa yana komawa yaro. Ranar da yaro Arthur ya fara zuwa bukkarsa, ya tarar an riga an shirya karin kumallon mutum biyu. Da tsohon ya ji cewa rabin awa ke nan da haɗuwarsu, sai hawaye ya gangaro masa har kan hanci, don a wurinsa rabuwa ce ta zo. Ni a ganina babu marubucin da ya yi wa Merlin gata irin wannan, kuma ko nan ɗin ba sarrafa zamani yake ba, zamanin ne ke wahalar da shi.

Ita saƙa kuwa aro ce, kuma daga wurin mata. A tatsuniyoyin Girka akwai 'yan'uwa uku: Klotho na kaɗa zaren ran mutum a mazari, Lakesis na auna tsawonsa, Atropos na datse shi. Duk wanda ya taɓa zama kusa da tsohuwa tana kaɗi, ta shafa alli a yatsa ta murza mazari, ya ga yadda zare ke tsinkewa ba sallama, ba sai an yi masa bayanin wannan kwatancen ba. Mutanen arewacin Turai sun fi haka tsanani. Wata waƙar Aisland da aka danganta da yaƙin Clontarf na 1014 ta nuna mata goma sha biyu a masaƙa, hanjin mutane ne zarensu, kawunan mutane ne nauyin da ke riƙe zaren, suna saƙa wanda zai mutu da wanda zai tsira. Marubutan zamani ne suka ɗauke masaƙar nan daga hannun matan suka miƙa wa tsoho mai farin gemu.