Ma'anar shrinkproof da aka rubuta a wuyan riga

Malam, ka ce ka sayi riga a kasuwar Garwa ta Kamaru, ka ga an rubuta shrinkproof a wuyanta, kana son sanin ma'anarsa. Shrink a Turanci shi ne tsukewa, wato tufa ta ƙanƙance bayan wanki, proof kuma abin da ya gagari wani abu. Rigarka ke nan ba za ta tsuke ba. Da Faransanci za ka ga irrétrécissable.

Amma a kula, in shrink-resistant aka rubuta, alkawarin bai kai wancan ba, tana iya ɗan tsukewa kaɗan. Preshrunk kuwa tun a masaƙa aka tsuke yadin kafin a ɗinka. Akwai kuma Sanforized, dabarar da Sanford Cluett ya yi wa rajista a Amurka a 1930, yawanci a wandon jins ake ganinta.

Auduga da ulu suna cikin masu halin tsukewa, don zaren yana miƙe ne lokacin saƙa, da ya sha ruwa sai ya koma. Ni dai ko me aka rubuta, ba na wanke sabuwar riga da ruwan zafi. In yadi ne, jiƙa shi ya bushe tukuna, sannan ka kai wa tela ya auna.